Mene Ne "Bankin Inuwa", Kuma Wa Ya Cancanci Wannan Suna?

Malam, ka ce kana yawan cin karo da maganar "bankin inuwa" ko "bankin bayan fage" a labaran tattalin arziki, har ka ji an ce kusan rabin dukiyar da ke hannun cibiyoyin kuɗi na duniya tana wajen bankuna. Ka tambaya ko ana nufin haramtattun bankuna ne da ke ɓuya wa hukuma, da kuma ko duk mai ba da bashi ba tare da lasisin banki ba ya shiga cikin sunan.

Amsar duka biyun a'a ce. Yawancin waɗanda ake kira da wannan suna suna da rajista, suna biyan haraji, wasunsu ma manyan bankunan duniya ne suka kafa su da hannunsu. Sunan na wani aiki ne, kuma sai mutum ya gane aikin kafin ya san wanda zai laƙaba wa sunan.

Aikin banki na asali shi ne ya karɓi kuɗinka da alƙawarin zai mayar maka duk lokacin da ka nema, sannan ya juya ya ba wani bashin da ba za a gama biya ba sai bayan shekara biyar, ko goma, ko talatin. Kai a ganinka kuɗinka suna nan a ajiye, alhali sun zama ginin wani ko injin masana'antar wani. Wannan dabara ce mai amfani ƙwarai, domin ita ke sa kuɗin da ke zaune su yi aiki. Sai dai tana da rauni guda: idan masu ajiya suka zo rana ɗaya kowa yana neman nasa, banki mai lafiya ma sai ya durƙushe. Saboda haka gwamnatoci suka ƙulla yarjejeniya da bankuna. Aka ba su inshorar ajiya, wadda a Amurka aka kafa hukumarta a 1933 bayan dubban bankuna sun karye, kuma yau tana rufe har dala 250,000 ga kowane mai ajiya a banki guda. Aka kuma buɗe musu ƙofar babban banki, su ranci kuɗi idan rububi ya taso. Su kuma suka yarda a ɗaure su da dokoki: yawan jarin da dole su riƙe, yawan tsabar kuɗin da za su tanada, da masu bincike da ke shigowa su duba littattafansu.

Bankin inuwa shi ne yin wancan aiki ba tare da wannan yarjejeniya ba. Ana karɓar kuɗi na gajeren zango, waɗanda masu su ke ɗauka tamkar ajiya, a zuba su a bashi mai dogon zango ko mai wuyar sayarwa, galibi da kuɗin aro da suka ninka jarin mai yi sau da yawa, amma babu inshorar ajiya kuma babu ƙofar babban banki.

Wanda ya fito da sunan shi ne Paul McCulley, masanin tattalin arziki a kamfanin zuba jari na PIMCO, a taron shekara-shekara na jami'an manyan bankunan ƙasashe da ake yi a Jackson Hole ta Amurka, a 2007. Abin da yake nunawa a lokacin wata doguwar sarƙa ce da ta taso a kasuwar bashin sayen gidaje. Wani kamfani wanda ba banki ba zai ba mutane bashin gida. Ba zai riƙe bashin ba, zai sayar wa wani. Wannan kuma zai tattara dubban irin waɗannan basussuka, ya dunƙule su, ya fitar da takardun da duk wanda ya saya zai riƙa samun rabo daga biyan da masu gidajen ke yi. Sai wani kamfani na musamman, wanda sau da yawa ba shi da ma'aikata ko ofis na kirki, ya sayi takardun. Kuɗin sayen kuma yana samo su ne ta hanyar sayar da nasa takardun bashi na wata ɗaya ko wata uku. Masu sayen waɗannan su ne asusun kasuwar kuɗi, inda kamfanoni da ɗaiɗaikun mutane ke ajiye kuɗinsu da tabbacin za su iya cirewa gobe. Idan ka ɗauki kowane ɗaya shi kaɗai, ba banki ba ne. Idan ka dubi sarƙar daga farko zuwa ƙarshe, ga mai ajiya a wannan baki yana iya cire kuɗinsa gobe, ga mai bashin shekara talatin a wancan baki. Banki ne sak, an dai rarraba aikinsa ga hannaye biyar ko shida, kuma babu hukumar da ke kallon dukkansu a lokaci guda.

Kafin McCulley ya yi maganarsa sarƙar ta riga ta fara tsinkewa. A ranar 9 ga Agusta 2007 bankin BNP Paribas na Faransa ya dakatar da cire kuɗi daga wasu asusu uku nasa, ya ce ba ya iya tantance darajar takardun gidajen Amurka da ke cikinsu. Nan da nan masu sayen takardun wata uku suka ja baya. Kasuwar da ta kai kimanin dala tiriliyan 1.2 ta ragu da kusan biliyan 350 kafin ƙarshen shekarar. Kuma a nan aka ga cewa bangon da ke tsakanin bankin inuwa da bankin gaskiya bai da ƙwari kamar yadda aka zata: a Disamba 2007 bankin Citigroup na Amurka ya mayar da kadarori na kimanin dala biliyan 49 cikin littafinsa daga irin waɗannan kamfanoni na musamman da shi ya kafa, domin barinsu su mutu zai zubar masa da mutunci a kasuwa.

Akwai hanya guda ta rance da ya kamata ka gane ta sosai, domin ita ce jijiyar wannan harka. Ana kiranta rifo. Mai neman kuɗi zai sayar da takardunsa yau da alƙawarin zai sake sayensu gobe da ɗan ƙari. A zahiri rance ne na kwana ɗaya, takardun kuma jingina. A ce kamfani yana da takardun dala miliyan 100. Mai ba da rance zai ba shi miliyan 98, ya bar gibin miliyan 2 domin kariya. Ma'ana da jarin miliyan 2 kacal kamfanin ke riƙe da kadarar miliyan 100, kuma kowace safiya sai ya sabunta rancen. Ranar da mai ba da rance ya fara shakkar takardun, ba sai ya ƙi bayarwa gaba ɗaya ba. Ya isa ya ce yau miliyan 90 zai bayar. Kamfanin dole ya nemo miliyan 8 kafin a tashi kasuwa, wato ninki huɗu na dukkan jarinsa. Ba shi da su, sai ya sayar da takardu. Sauran kamfanoni ma suna sayar da irinsu a rana ɗaya, farashi ya faɗi, masu ba da rance su ƙara faɗaɗa gibin, a ƙara sayarwa. Babu layin mutane a bakin ƙofa, babu hoton da jarida za ta ɗauka, amma rububin cire kuɗi ne cikakke. Haka ta faru da Bear Stearns, wani bankin zuba jari na Amurka, a Maris 2008: tsabar kuɗin da ke hannunsa ta sauko daga kimanin dala biliyan 18 zuwa biliyan 2 cikin 'yan kwanaki, kafin ƙarshen makon an shirya sayar da shi ga bankin JPMorgan da tallafin babban bankin Amurka.

Misalin da ya fi fito da abin fili shi ne na asusun Reserve Primary. Asusun kasuwar kuɗi ne mai fiye da dala biliyan 60, kuma irin wannan asusu ya ginu ne a kan cewa duk dala ɗaya da ka saka za ka cire dala ɗaya. Yana riƙe da takardun bashin bankin zuba jari na Lehman Brothers na dala miliyan 785, ɗan fiye da kashi 1 cikin ɗari na dukiyarsa. Lehman ya karye ranar Litinin 15 ga Satumba 2008. Cikin kwana biyu aka nemi cire kusan dala biliyan 40 daga asusun. Ranar Talata 16 ga wata ya sanar cewa dala ɗaya ta koma santi 97. Asarar santi uku ce kawai, amma ta isa ta tayar da hankalin kowa, domin mutanen da suka ɗauka ajiya suke yi sun farka sun ga ashe jari suka zuba. A cikin makon aka kwashe kimanin dala biliyan 300 daga asusu irinsa, kamfanonin da suka dogara da su wajen biyan albashi da sayen kaya suka rasa mai ranta musu. Ranar 19 ga wata Baitulmalin Amurka ya fito ya lamunce wa waɗannan asusu. Wato inshorar da ba su taɓa biyan kuɗinta ba, an ba su ita ranar da ido ya raina fata. Wannan shi ne abin da ya fi damuna a duk harkar, kuma shi ya sa nake ganin ya shafi wanda bai taɓa sayen takarda ko ɗaya ba: riba ta masu harkar ce a lokacin lafiya, nauyin ceto kuma na jama'a ne a lokacin tashin hankali.

Bayan rikicin ne sunan ya shiga bakin hukumomi. Ƙasashen G20, wato ƙungiyar ƙasashe masu ƙarfin tattalin arziki, sun kafa hukumar FSB a 2009, mai mazauni a Basel ta Switzaland, domin sa ido kan lafiyar tsarin kuɗi na duniya. A 2011 ta ba da ma'anar da aka fi amfani da ita: shiga tsakanin mai kuɗi da mai neman bashi ta hanyar cibiyoyi da ayyukan da ke wajen tsarin banki na yau da kullum. A Oktoba 2018 kuma ta daina amfani da kalmar inuwa, ta koma cewa hada-hadar kuɗi ta cibiyoyin da ba bankuna ba. Masu harkar sun daɗe suna ƙorafin cewa tsohon sunan yana sa a ɗauke su masu laifi, kuma tambayarka ma shaida ce cewa ƙorafin yana da tushe.

Sai dai sabon sunan ya zo da tasa matsalar, kuma daga nan ne wancan "kusan rabi" da ka ji ya fito. Idan aka ƙidaya duk wata cibiyar kuɗi da ba banki ba, da kamfanonin inshora, da asusun fansho, da asusun hannun jari, jimillar ta haura dala tiriliyan 200, kusan rabin kadarorin kuɗi na duniya. Amma FSB da kanta tana da ma'auni na biyu, mai ƙunci, wanda ke ɗaukar waɗanda ke da haɗari irin na banki kaɗai. Wannan ya kai kimanin dala tiriliyan 70 a ƙarshen 2023. Kuskuren da na fi gani a rubuce-rubuce shi ne a ɗauki babban adadin a manna masa tsohon sunan, a ce bankin inuwa ya cinye rabin duniya. Ba haka ba ne. Asusun fansho yana karɓar kuɗin da mai su ba zai taɓa ba sai bayan shekara ashirin ko talatin, ya zuba su a kadara mai dogon zango. Dogo ya haɗu da dogo, babu wanda zai yi rububi. Asusun hannun jari kuma bai yi maka alƙawarin dala a kan dala ba; idan kasuwa ta faɗi, kai ma ka san naka ya faɗi.

Duk da haka kada ka ɗauka sunan kamfani ya isa ya wanke shi. A Satumba 2022, bayan gwamnatin Birtaniya ta sanar da shirin rage haraji, farashin takardun bashin gwamnati ya faɗi da sauri. Asusun fansho da dama sun kasance suna amfani da rifo da makamantansa domin kare kansu daga canjin kuɗin ruwa, sai aka buƙaci su kawo ƙarin jingina cikin kwanaki. Suka shiga sayar da takardun, farashi ya ƙara faɗuwa, aka ƙara neman jingina. Sai da Bankin Ingila ya shigo ranar 28 ga wata ya fara saye, ya kashe kimanin fam biliyan 19, kafin ƙura ta lafa. Asusun fansho ba bankin inuwa ba ne, amma wannan ɓangare na aikinsa a wannan mako ya yi halin bankin inuwa. Shi ya sa na ce maka a aiki ake duba abin.

Wani abin da ke rikita masu karatu shi ne sunan yana canza ma'ana daga ƙasa zuwa ƙasa. A ƙasar Sin, bayan shirin farfaɗo da tattalin arziki na yuwan tiriliyan 4 da aka sanar a 2008, bankuna da kansu ne suka zama cibiyar harkar. Hukuma ta taƙaita yawan bashin da za su bayar da kuɗin ruwan da za su biya masu ajiya, sai suka riƙa sayar wa abokan hulɗarsu takardun juya dukiya masu riba fiye da ajiya, a bi da kuɗin ta kamfanonin amana zuwa ga masu gine-gine da kamfanonin ƙananan hukumomi. Mai saye ya saya a cikin banki, a hannun ma'aikacin banki, don haka ya ɗauka bankin ya tsaya masa. Dokokin da aka fitar a Afrilu 2018 sun hana wannan lamuni na baka, amma raunin bai gama warkewa ba, kamar yadda karyewar rukunin Zhongzhi, babban kamfanin juya dukiya, a Janairu 2024 ta nuna. A Indiya kuwa jaridu suna kiran kamfanonin ba da bashi da bankunan inuwa duk da cewa babban bankin ƙasar ne ke yi musu rajista yana kuma sa musu ido. Mafi yawansu ba sa karɓar ajiya. Abin da ya jawo musu sunan shi ne wasunsu suna rance na watanni suna ba da bashin shekaru, kamar kamfanin IL&FS da ya kasa biyan basussukansa a 2018 har gwamnati ta sauke shugabanninsa.

Game da rabin tambayarka na biyu: mutumin da ke ba da rance daga aljihunsa, ko da kuɗin ruwansa ya kai na zalunci, ba bankin inuwa ba ne. Idan ba a biya shi ba, shi kaɗai ya yi asara, babu masu ajiya a bayansa. Hawala hanya ce ta aika kuɗi, ba ta mayar da gajeren bashi dogo. Halasta kuɗin haram laifi ne mai nasa suna da nasa dokoki. Shi kuma mai karɓar kuɗin jama'a yana biyan na farko da kuɗin na baya, damfara yake yi, kuma kiransa bankin inuwa ɗaga masa daraja ne. Haka nan kada a haɗa shi da tattalin arzikin bayan fage, wato cinikin da ba ya shiga lissafin gwamnati da haraji. Kalmar ta yi kama, batun daban.

Ba na cikin masu ganin ya kamata a kawar da harkar. Tana da dalilin wanzuwa. Asusun kasuwar kuɗi na farko ya fito a Amurka a farkon shekarun 1970, lokacin da doka ta ƙayyade kuɗin ruwan da banki zai biya mai ajiya alhali hauhawar farashi na cin kuɗin mutane. Kamfanin da ke da dala miliyan 500 na biyan albashi ba abin da inshorar dala 250,000 za ta tsinana masa, dole ya nemi wurin da za a ba shi jingina, kuma rifo ke ba shi wannan. Akwai kuma masu neman bashi na gaskiya da banki ba ya kulawa da su saboda dokokin jari sun sa bashinsu ya yi masa tsada. Kuɗi kamar ruwa ne, in ka datse shi ta nan zai ɓulle ta can, kuma duk lokacin da aka ƙara matse bankuna wani kaso na aikinsu yana ƙaura zuwa waje. A yau fiye da rabin sabon bashin gidaje a Amurka kamfanonin da ba bankuna ba ne ke bayarwa. Abin da nake so a yi shi ne duk wanda ya yi wa mutane alƙawari irin na banki a ɗora masa nauyi irin na banki tun kafin rikici, domin an gwada an gani: a Maris 2020, da annobar korona ta girgiza kasuwanni, babban bankin Amurka ya sake buɗe wa asusun kasuwar kuɗi hanyar tallafi, shekara goma sha biyu bayan an ce an ɗauki darasi.

Idan kai ne za ka yi rubutu, shawarata ita ce ka yi amfani da "cibiyoyin kuɗi da ba bankuna ba" a duk inda kake nufin rukunin gaba ɗaya, ka adana "bankin inuwa" domin inda ka tabbatar da abu uku sun haɗu: masu kuɗin suna iya janyewa da gaggawa, kadarar ba ta sayuwa da gaggawa sai da asara, kuma babu wanda doka ta ɗora wa cike gibin.

Gwada wannan a kan abin da ake ta magana a kai yanzu, wato asusun da ke ba kamfanoni bashi kai tsaye ba tare da banki ba. Asusun Ba da Lamuni na Duniya ya ƙiyasta a Afrilu 2024 cewa harkar ta haura dala tiriliyan 2. Jaridu sun riga sun sa mata sunan bankin inuwa, amma ni ina ganin an yi gaggawa. Yawancin kuɗin na asusun fansho ne da kamfanonin inshora da manyan masu dukiya, kuma sun yarda a kulle su na shekaru, don haka sharaɗin farko bai cika ba. Wurare biyu ne nake sa wa ido. Na farko, sabbin asusun da ake tallata wa ɗaiɗaikun mutane da alƙawarin za su iya cire wani kaso duk bayan wata uku, alhali bashin da ke ciki na shekara biyar ne ko bakwai kuma ba shi da kasuwar da za a sayar da shi. Na biyu, rancen da bankuna ke ba waɗannan asusu da kansu, wanda ke nufin bashin da aka ce ya fita daga banki ya zagayo ya dawo littafinsa ta wata ƙofa, kamar yadda ya dawo wa Citigroup a 2007. A asusun da waɗannan biyun suka yi yawa, sunan ya dace da shi. A wanda aka kulle kuɗinsa shekara goma kuma bai ci bashi mai nauyi ba, bai dace ba.